Kawu Dodo da Ɗinyar Ƙaya

Kawuna Dodo ya yi shekara arba'in da ɗoriya a Faransa, amma har gobe in ka tambaye shi sana'arsa, manomi zai ce maka. Manomi fa! Mutumin da rabonsa da kama hauya tun kafin a haife ni. Yayan mahaifiyata ne, ni kuma sunana Hamdiya, aikin jinya nake yi a Lyon, kuma duk dangi sun san ni da baki. Shi kaɗai ne bai taɓa damuwa da bakin nan nawa ba. In na gama faɗana sai ya ce, "To, 'yar nan, kin gama? Ɗora mana shayi."

A wani ƙauye gabas da Mirriya aka haife shi, cikin gero da wake. Ya bi ta Abijan, ya ƙetaro yana saurayi, ya samu aikin layin dogo: jidar tsakuwa, ɗaure ƙarafa, tafiya a bakin layi da rigar nan mai ruwan lemo. Ya zauna a gidan ma'aikata na Montreuil, a gefen birnin Paris, wanda muke ce wa foye, cikin 'yan Mali, a ɗaki mai gado ɗaya da taga ɗaya. Matarsa Fatsima tana gida, yana zuwa duk bayan shekara biyu, har Allah ya karɓi abarsa. Ba su samu haihuwa ba. Daga nan zuwansa gida ya ragu, ya ragu, har ya tsaya.

Akwai labari ɗaya da ya ba ni ya fi sau ɗari. Wai wata rana cikin Agusta, a shekararsa ta biyu, sun tsaya hutun rana a bakin layi can wajen gari. Sai ya ga wani abokin aikinsa ɗan Fotugal ya cusa hannu cikin wata sarƙaƙiyar ƙaya yana tsinko wasu 'ya'ya baƙaƙe yana jefawa baki. Shi ma ya miƙa hannu, ƙaya ta karce shi, ya tsinko guda. Faransawa mur suke ce mata, mutanenmu na Nijeriya da ke nan kuma blakberi. Shi dai tun ranar ya raɗa mata ɗinyar ƙaya.

"Duk abin da na ci a ƙasar nan, wani ne ya miƙo mini," in ji shi, "ban da wannan. Wannan da hannuna na tsinka, kamar a dajinmu."

Ya ce da zaƙin ya sauka a harshensa, sai ƙarafan layin suka shiga rawa cikin zafin rana, ya daina jin hayaniyar abokan aiki. Ya ga fadamar ƙauyensu, da bishiyar ɗinya, da wata jaka fara da ake ɗaurewa a gindinta. Bai san iyakar tsayuwar da ya yi ba, sai da shugaban aiki ya daka masa tsawa.

Da ya yi ritaya, sai aka ba shi wuri a lambun unguwa da ke bayan foye. Kada ka ji lambu ka zaci fadama. Ƙasar wurin an ce akwai dalma a cikinta, ba a yarda a ci abin da ya fito daga ita ba, don haka kowa akwatin katako ake ba shi, tsayinsa ya kai gwiwa, faɗinsa bai wuce tabarmar sallah biyu ba, a cika shi da ƙasar da aka kawo a buhu. Ranar da ya fara ganin nasa, dariya ya yi har da hawaye. Ya kira ni a waya, ko gaisuwar kirki bai tsaya yi ba, ya ce, "Hamdiya, an ba ni gona a cikin akwati."

Kowa na shuka tumatir da salati, shi ya ɗauki bokiti ya hau jirgin ƙasa ya koma bakin layin nan, ya tono saiwar ƙaya ya kawo. Masu kula da lambu suka ce a'a, wannan abu in ta samu wuri sai ta cinye lambun duka. Aka yi ta ja-in-ja, daga baya suka bari, tunda katako zai tsare saiwar. Ya kafa sanduna biyu, ya ja waya layi uku a tsakaninsu. Ya zuba ruɓaɓɓen ganye, ya rufe saman ƙasar da ciyawa don kada ta bushe. Kullum da sanyin safiya yana can da butarsa.

A shekarar ne kuma aka gano masa hawan jinin ido. Ni na kai shi wurin likita, ni na ji bayanin da kunnena, kuma na fi shi gane abin da ake nufi. Ganinsa zai riƙa tsukewa daga gefe yana matsowa tsakiya, magani yana rage gudun abin amma ba ya mayar da abin da ya tafi. Da muka fito sai ya ce mini abu ɗaya yake roƙon Allah. Ba ya son ido ya rufe sai ya ga ɗinyar da ya shuka da hannunsa ta yi baƙi a jikin reshe.

Na ce, "Kawu, in ita kake so, ga ta can a kanti cikin roba."

Ya dube ni kamar na zage shi. Ban ƙara faɗa ba.

To ƙaya kam ta ji daɗin akwati. Kafin bazara ta ƙare ta fitar da rassa huɗu, kowanne ya fi mutum tsawo, kore shar, suna lanƙwasowa bisa waya. Fure dai babu. Kawu ya ce shekarar farko ce, ƙasa ba ta saba da ita ba. Da Oktoba ta zo, ganye ya fara ja, sai ya yi abin da ubansa da kakansa suke yi in an gama girbi. Ya sa almakashi ya sare komai har ƙasa, ya ɗaure rassan dami guda, ya share akwatin tas. Manomin kirki ba ya barin tsohon kara ya tarar da sabuwar shuka.

Akwatin da ke kusa da nasa na Latifa ne, wata dattijuwa 'yar Aljeriya da ta yi aikin girki a makarantar yara har ta gaji. Na'ana'a take shukawa da kabewa. Ta gan shi da damin ƙaya ta ɗora hannu a ka.

"Malam Dodo, me ka yi haka? Reshen bana shi ke yin 'ya'ya baɗi! Ba a yanka shi sai ya haihu."

Kawu ya yi mata murmushin nan nasa na ladabi, ya yi godiya, ya tambayi lafiyar jikoki. Da ta juya sai ya ce da ni da Hausa, "Ji fa. Mai dafa makaroni za ta koya mini noma."

Shekara ta biyu rassa shida, babu fure, ya sare. Shekara ta uku rassa takwas masu kaurin yatsa, babu fure, ya sare. Ya sauya taki, ya sauya lokacin ban ruwa, har addu'a ya tofa a buta. Ya zargi inuwar bango, ya zargi katakon, ya zargi ƙasar buhu da cewa ba ta da uwa ba ta da uba. Almakashin nan kaɗai ne bai taɓa zargi ba. Ni kuwa, wallahi ba zan ɓoye ba, ban san komai a kan shuka ba, kuma ban damu in sani ba. Idonsa nake kallo. Na hagu ya riga ya tafi, na dama kuma ya ce kamar mai leƙe ta kafar ƙofa.

A kaka ta huɗu ya faɗi a matakalar metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa. Bai karye ba, amma ni na karaya. Na hau jirgi na zo, na tattara kayansa cikin jaka uku, na ce Lyon za mu, za a yi masa aiki a idon da ya rage, kuma ba zai dawo zaman foye ba. Na yi faɗa ranar har 'yan Mali suka leƙo. Almakashinsa kawai ya ɗauka ya sa a aljihun kwat.

Gidana a unguwar Guillotière yake, hawa na uku, tiram, jirgin nan na cikin gari, na wucewa ta ƙarƙashin taga. Bayan aikin ido sai ya zama ba shi da abin yi sai zama a kujera yana sauraron ƙararrawar tiram. Wani lokaci in dawo daga aiki in same shi ido a rufe, hannu yana motsi a iska kamar mai ɗaure reshe a waya. Damuwarsa ɗaya ce, bai share gonarsa ba.

"Mutane za su wuce su ga kara a tsaye, su ce mai wurin ya mutu."

Ya dame ni, ya dame ni, har wata Asabar cikin Nuwamba na karɓi almakashin na ce zan je. Na je Paris ɗin kuwa. Na fara biyawa ta unguwar Château Rouge aka yi mini kitso, na sayi daddawa da kuka, sai la'asar na isa lambu, ana yayyafi. Na tarar da abu ya zama dodo, rassa sun haye waya sun zubo ta bayan akwati. Na miƙa hannu, ƙaya ta kama hannun rigata, na fizge, ta tsaga mini fata tun daga wuyan hannu har gwiwar hannu. Kai! Na tsaya ina kallon jini ina zagin ƙaya, ina zagin akwati, ina zagin ɗan Fotugal ɗin da ban taɓa gani ba. Na mayar da almakashi jaka na kama hanyar tasha.

Ina shiga gida ya tare ni da tambaya: "Kin sare?"

"Na sare, Kawu."

"Har ƙasa?"

"Har ƙasa."

Ya shafa hannuna ya ji raunin, ya sa mini albarka. Kunya ta kama ni, amma ba ta kai ta sa in faɗi gaskiya ba. A raina ma cewa nake, da bazara zan rubuta wa masu lambu su ba wani akwatin, a huta.

Sanyi ya wuce. Cikin watan Mayu muka koma wurin likita, ya duba, ya daɗe yana dubawa, sannan ya ce abin da ya rage kaɗan ne, kuma ba zai yi alkawarin ya kai ƙarshen shekara ba. Kawu ya ji, don faransancinsa ya fi nawa tsufa. Muna cikin tiram, mun kusa sauka, ya juyo gare ni. Ya ce, "Shi ke nan, ban ga ɗinyar ba." Yadda ya faɗe ta a sanyaye ya fi mini ciwo da a ce kuka ya yi.

Bayan kwana huɗu wayarsa ta yi ƙara muna cin tuwo. Latifa ce, kuma muryarta har inda nake zaune.

"Malam Dodo! Gonarka ta yi fari fat! Fure ko'ina, ƙudan zuma sun hana mu sakat. Allah ya yi wa wanda ya hana ka yanka albarka!"

Ya ajiye wayar a hankali. Ya juyo da fuskarsa duka, don sai haka yake iya samo ni da idon.

"Hamdiya."

"Na'am, Kawu."

"Har ƙasa, ko?"

Na shiga kame-kame, ruwa ne, ƙaya ce, dare ya kusa. Sai na ga kafaɗunsa suna rawa. Dariya yake, irin wadda ba ta da sauti, hawaye na bin gemunsa.

"Shekara uku," ya ce. "Shekara uku ina yanka ta tana da ciki. Mai makaroni ta faɗa mini."

Tun daga ranar muka shiga zirga-zirga. Ɗakinsa na foye an riga an ba wani, ni kuma ba zan bar shi shi kaɗai ba, don haka duk Asabar ɗin da ba ni da aiki sai mu hau jirgin safe, awa biyu muna Paris, mu shiga metro har Montreuil, mu komo da yamma. Yana son kujerar taga. Ban san me yake gani ba a irin gudun nan, amma yakan manna goshi a gilashi, can sai ya ce, "Ga shanu farare," ko ya ce, "Nan an yi huɗa mai kyau." Wani lokaci akwai shanun. Wani lokaci kuma garin masana'antu muke wucewa, ba na ce masa komai.

Furen ya gani, don fari ne. Ya tsaya gaban akwatin yana juya kai a hankali, yana ɗaukar su ɗaya bayan ɗaya, ƙudan zuma suna kewaya hularsa. Latifa ta zo ta tsaya riƙe da ƙugu. Ya cire hular nan, dattijo da furfurarsa, ya ce mata, "Malama, na zo makaranta." Ta ce ya makara amma za ta karɓe shi. Ita ta nuna masa yadda ake yi: tsofaffin rassa masu fure a ɗaure su gefe guda, sababbin da ke tasowa daga gindi a ɗaure su ɗaya gefen, su ne na baɗi. Yana ɗaurewa da tsumman atamfa, ƙaya na karce shi, ko a jikinsa.

Cikin Yuni fure ya zube, 'ya'ya suka fito ƙanana, kore cikin koren ganye. Waɗannan bai gan su ba, da yatsa ya ƙirga su. Cikin Yuli suka yi ja, ya ce yana ganin wani abu kamar garwashi in rana ta haska. Ni kuwa kullum ina lura da shi a gida. Ya fara laluben kofi a tebur. Ya fara kiran sunana ina tsaye a gabansa. Ƙofar da yake leƙe ta cikinta ta koma hudar allura, 'ya'yan nan kuma sun ƙi sauri. Na taɓa tsayawa gaban akwatin, da ya tafi alwala, na ce musu, "Don Allah ku nuna mana, me kuke jira?" Latifa ta ji ni, ba ta yi dariya ba.

Aka yi sati biyu ban samu hutu ba. Ranar Laraba ta farkon Agusta Latifa ta kira ta ce sun fara baƙi, ta lulluɓe su da tsohon labule saboda tsuntsaye. Ban jira Asabar ba. Na roƙi wata abokiyar aiki ta riƙe mini, muka hau jirgin safiyar Alhamis. Ranar bai nemi kujerar taga ba.

Mun isa da hantsi. Lambun ba kowa sai Latifa, ita ma da ta yaye labulen sai ta koma can wajen famfo ta ba mu wuri. Rana ta faɗo a kan akwatin, ƙamshin na'ana'a ya cika wurin, wata kurciya tana kuka a kan bango. Ga su nan kuwa, gungu-gungu, waɗansu ja, waɗansu sun yi baƙi siɗik suna ƙyalli. Ni da na tsani ƙayar nan, sai da na tsaya ina kallon su.

Na kai shi gaban akwatin na ɗora hannunsa a kan katako. Ya sunkuya. Ya shiga juya kai, hagu, dama, sama, ƙasa, a hankali, yana neman su da ɗan abin da ya rage masa. Baƙi ne cikin inuwar ganye, ko mai ido biyu sai ya duba. Ya daɗe. Gumi ya tsattsafo masa a goshi. Can sai ya tsaya cak, ya yi murmushi.

"Alhamdu lillahi. Na gan ta, 'yar nan. Mu tafi."

Na bi inda idonsa yake kallo. Babu komai a wurin sai sandar da ya kafa da kan ƙusa. Gungun yana can gefe, tazarar taƙi guda. Don ni ya faɗa, don kada in ce wahalar jirgin nan ta tashi a banza.

Bakina ya buɗe zai yi abin da ya saba, na rufe shi. Na sa hannu cikin ƙayar, ta shige ni, ban fizge ba. Na kamo reshen da ya fi nuna, na janyo shi a hankali daga inuwa, na kawo shi cikin rana daidai inda idonsa yake, na riƙe. Na tallafe hannun da ɗayan.

Murmushin ya ɓace daga fuskarsa. Ya matso da kai har numfashinsa yana taɓa yatsuna. Kurciyar nan ta yi shiru, ko kuma ni ce na daina jin ta. Ban san minti nawa muka yi a haka ba, jini yana bin hannuna yana ɗiga a kan katako.

"Tsaya nan," ya ce da raɗa. "Kada ki motsa."

Ban motsa ba.

"Ashe ba ƙwaya ɗaya ba ce. 'Yan ƙanana ne suka taru, kowace da ɗigon rana a kanta." Ya ƙara matsowa. "Kuma ba baƙa ba ce ƙirin, Hamdiya. Akwai ja a can cikinta."

Na duba da kyau. Akwai jan kuwa, ni da idona biyu ban lura ba.

"Ɗazu ƙarya na yi miki," ya ce.

"Na sani, Kawu."

"To riƙe mini ita tukuna. Ban gama ba."